Daga Takarda zuwa Majigi: Rayuwa da Ayyukan Marjane Satrapi

Gabatarwa

Tun da aka fara yin sinima masu shirya fim suke komawa ga littattafai neman labari. Ko a ƙasar Hausa an san wannan al'ada, domin littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa ya zama fim a 1976 a hannun Adamu Halilu. Galibi dai marubuci daban, mai shirya fim daban. Abin da bai cika faruwa ba shi ne a sami mutum guda wanda ya tsara labari, ya zana shi da hannunsa, sa'an nan ya ajiye alƙalami ya je ya tsaya bayan kyamara. Wannan lacca za ta duba rayuwa da ayyukan wata mace da ta bi wannan hanya, watau Marjane Satrapi, 'yar ƙasar Iran wadda ta yi aikinta a Faransa, mawallafiyar littafin Persepolis, wadda kuma ta mai da shi fim a 2007.

Tambayar da za a bi ita ce: me mai zane yake samu, me kuma yake rasawa, idan ya ƙaura daga takarda zuwa majigi? Za a nuna cewa ƙarfin labarin Satrapi yana cikin sauƙin zanenta, cewa ta gane haka ta ƙi rabuwa da zanen sa'ad da ta zo yin fim, kuma cewa fim ya kai labarin inda littafi bai kai ba, ya kuma jawo masa fitinar da littafi bai jawo ba.

1. Labarin zane da yadda yake aiki

Kafin a shiga tarihinta ya kamata a fahimci irin adabin da ake magana a kansa. Labarin zane shi ne labarin da ake bayarwa ta hanyar jera hotuna da aka zana da hannu. Ana raba shafi gida-gida, kowane gida da hotonsa, maganar mutanen labarin kuwa a rubuta ta cikin 'yar da'ira kusa da bakinsu. Faransawa suna kiransa bande dessinée, watau jerin zane, kuma sun daɗe da ɗaukarsa a matsayin fasaha mai zaman kanta. Bikin da suka fara yi masa a garin Angoulême a 1974 ya zama ɗaya daga cikin mafiya girma a nahiyar Turai. An daɗe ana ganin abu ne na yara da na ban dariya, har zuwa lokacin da Ba'amurke Art Spiegelman ya ba da labarin wahalar da mahaifinsa ya sha a sansanin 'yan Nazi cikin littafinsa Maus, wanda aka ba lambar Pulitzer a 1992. Daga nan aka yarda cewa zane yana iya ɗaukar labari mai nauyi.

Akwai abubuwan da suka raba wannan adabi da fim, kuma su ne ginshiƙin abin da za a faɗa nan gaba. Na farko, mai karatu shi ke riƙe da lokaci. Yana iya tsayawa kan hoto guda minti biyar, yana iya komawa baya, alhali mai kallon fim sai dai ya bi gudun da aka ɗora masa. Na biyu, mai karatu yana ganin shafi gaba ɗaya a lokaci guda, saboda haka mai zane yana iya ajiye abu biyu kusa da juna ya bar ido ya gwada su. Na uku, tsakanin gida da gida akwai farin fili, kuma a cikin wannan fili ne mai karatu yake cika abin da ba a zana ba. Na huɗu, aikin mutum ɗaya ne. Da takarda da tawada da tebur an gama, ba a bukatar izinin kowa ko kuɗin kowa. Fim kuwa, hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

2. Tasowarta

An haifi Marjane Satrapi ran 22 ga Nuwamba, 1969, a birnin Rasht na arewacin Iran, amma a Tehran ta tashi. Ita kaɗai ce wurin iyayenta. Mahaifinta injiniya ne, mahaifiyarta kuwa tana da dangantaka da gidan sarautar Ƙajar wanda Riza Shah ya kawar a 1925. Gida ne na masu hali da ilmin zamani, masu adawa da mulkin Shah Muhammad Riza Pahlawi, har ma iyayen nata sun shiga zanga-zangar da aka yi ta yi masa a 1978. Sun sa ta a makarantar da ake koyarwa da Faransanci, kuma da wannan harshe ne ta yi rubutunta daga baya.

Tana da shekara 9 Shah ya bar ƙasar, ran 16 ga Janairu, 1979, Ayatullahi Khumaini ya dawo daga gudun hijira ran 1 ga Fabrairu. Murnar gidansu ba ta daɗe ba. A 1980 aka raba yara maza da mata a makarantu, aka tilasta wa 'yan mata lulluɓi. Baffanta Anush, wanda ya yi shekara tara a kurkukun Shah saboda ra'ayin gurguzu, sabuwar gwamnati ta sake kama shi bisa zargin yi wa Tarayyar Sobiyet leƙen asiri, aka kashe shi. Da aka ce masa mutum ɗaya tak zai iya gani kafin a zartar da hukunci, sai ya zaɓi wannan ƙaramar yarinya. A watan Satumba na 1980 Iraƙi ta kai wa Iran hari, aka shiga yaƙin da bai tsaya ba sai a watan Agusta na 1988.

Yarinyar ta taso da tsiwa da musu da malamai, iyayenta suka ji tsoron kada bakinta ya kai ta inda ya kai baffanta. Tana da shekara 14 suka aika da ita Biyana, babban birnin Ostiriya. Ta yi shekara huɗu can cikin kaɗaici da ƙyamar baƙi, a ƙarshe ta koma kwana a titi cikin sanyin hunturu har ciwon ƙirji ya kwantar da ita asibiti. Ta koma Tehran ta tarar da gaskiyar maganar Hausawa cewa kowa ya bar gida, gida ya bar shi: a Turai 'yar Iran ce, a Iran kuma Baturiya. Ta yi karatun zane a jami'a, ta yi aure tana da shekara 21, auren ya mutu, a 1994 ta sake barin ƙasar zuwa Faransa.

3. Persepolis a kan takarda

Bayan ta ƙara karatu a makarantar fasaha ta Strasbourg sai ta koma Faris, inda ta sami tebur a wani ɗakin aiki da masu zane suka yi tarayya a kai, a dandalin Vosges. Burinta a lokacin shi ne ta yi littattafan yara. Amma takan zauna tana ba abokan aikinta labarin Iran, tana gyara musu kurakuran da suke ji a talabijin, har suka matsa mata ta zana abin da take faɗa. Wanda ya fi taimaka mata shi ne David B., ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa ƙaramar maɗaba'ar L'Association a 1990. Wannan maɗaba'a ce ta buga Persepolis juzu'i huɗu, daga 2000 zuwa 2003, fiye da shafi 300. Juzu'in farko ya sami lamba a Angoulême a 2001, na biyu ma ya samu a 2002, fassarar Ingilishi ta fito a Amurka a 2003 da 2004, sa'an nan aka fassara shi cikin harsuna da dama.

Sunan littafin kansa hujja ce. Persepolis shi ne sunan da Girkawa suka ba tsohon birnin sarakunan Farisa, wanda Sarki Dariyus ya soma ginawa kimanin shekara 500 kafin haihuwar Annabi Isa, Iskandar na Makidoniya ya ƙone shi a shekara ta 330 kafin haihuwar tasa. Da wannan suna take tuna wa mai karatu Bature cewa ƙasar tana da tarihi mai tsawo kafin 1979. Akwai bukatar tunin, domin abin da yawancin Turawa suka sani game da Iran bai wuce garkuwar da aka yi da ma'aikatan ofishin jakadancin Amurka na kwana 444 ba, da fim ɗin Not Without My Daughter na 1991 wanda ya nuna mutanen Iran a matsayin azzalumai. Littafin yana cikin fitowa, a watan Janairu na 2002, Shugaba George W. Bush ya sa Iran cikin ƙasashe uku da ya kira matattarar sharri.

Zanenta baƙi ne da fari zalla, babu ruwan toka, babu inuwa. Fuska ba ta wuce layi kaɗan ba: ido biyu, gira, hanci, baki. Wanda ya duba da gaggawa zai ce aikin ɗan firamare ne, amma misali uku za su nuna abin da take yi da wannan sauƙi. A shafin farko an jera 'yan aji cikin lulluɓi, a kallon farko duk kamarsu ɗaya, sai an ƙura ido a ga kowace da irin idonta da irin ɓacin ranta. A babin da ke magana kan makullan roba masu ruwan zinariya, waɗanda littafin ya ce ana ba 'ya'yan talakawa a matsayin mabuɗin Aljanna kafin a tura su fagen fama, ta raba shafi biyu. A sama yara suna tarwatsewa a kan nakiya da makullai a wuyansu, a ƙasa ita da ƙawayenta suna tsalle a wurin biki, kuma hannuwa da ƙafafun waɗannan sun yi kama da na waɗancan. Ba ta yi sharhi ba, ta bar ido ya yi hukunci. A babin da makami mai linzami ya faɗa gidan maƙwabtansu Yahudawa, yarinyar ta hango munduwar ƙawarta cikin ɓaraguzai, sai gida na ƙarshe ya zama baƙi ƙirin, babu hoton kome.

Adalci ya sa a ambaci sukar da aka yi wa littafin. Labari ne na gidan masu hali na arewacin Tehran waɗanda addini bai dame su ƙwarai ba. Miliyoyin mutanen Iran da suka goyi bayan juyin juya halin saboda imani ba su da murya a ciki, galibi sun fito ne a matsayin dakaru masu gemu da mata masu murtuke fuska. Littafin bai ɓoye gatan gidansu ba, domin ya nuna 'yar aikinsu da ba ta cin abinci a teburi ɗaya da su, ya nuna kuma yarinyar tana jin kunyar shiga babbar motar mahaifinta. Duk da haka shaida ce ta mutum ɗaya, kuma a haka ya kamata a karanta ta. Marubuciyar ta biya kuɗin wannan shaida, don fitowar littafin ta rufe mata ƙofar komawa gida.

4. Persepolis a majigi

Da littafin ya yi suna, kamfanonin fim suka nemi su mai da shi fim da 'yan wasa na zahiri. Satrapi ta ƙi. Dalilin da ta sha bayarwa a hirarraki shi ne cewa da zarar an ɗauki mutane masu jini da tsoka, da tufafinsu da titunansu, mai kallo zai ga labarin waɗansu baƙi ne a wata ƙasa mai nisa, ya yi kallo ya tashi. Fuskar da aka zana da layi kaɗan kuwa ba ta da ƙabila, kowa yana iya ganin 'yarsa ko kakarsa a cikinta. Saboda haka ta zaɓi zane mai motsi, ta kuma zaɓi ta ba da umarni da kanta tare da abokinta Vincent Paronnaud, wanda shi ma mai zane ne da aka sani da suna Winshluss.

Nan ne ta gamu da bambancin sana'o'in biyu. Fim yana gudu da hoto 24 a kowane sakan, don haka fim mai tsawon minti 95 yana cin hoto fiye da 130,000. Aikin ya ɗauki kimanin shekara uku a Faris, an yi zane wajen 80,000 a kan takarda, ana bin kowanne da alƙalamin tawada da hannu, domin layin kwamfuta ya cika santsi. Satrapi da kanta ta zana mutane fiye da 600 da suka fito a ciki. Wadda ta saba aiki ita kaɗai a teburi ta koma shugabar ma'aikata masu yawa, waɗanda dole kowannensu ya koyi yin zane kamar da hannunta. Da yake mai zane a takarda ba ya bukatar sanin yadda mutum yake tafiya daga ƙofa zuwa kujera, tun da farin fili ne ke ɗauke wannan, sai ta riƙa tashi tana kwaikwayon tafiyar kakarta da ɗaga girar mahaifiyarta a gaban kyamara don masu zanen su gani. An naɗi muryoyi kafin a yi zane. Chiara Mastroianni ta yi muryar Marjane, Catherine Deneuve, wadda ita ce mahaifiyar Chiara a zahiri, ta yi muryar uwa, Danielle Darrieux kuma ta yi muryar kaka.

Ba su ɗauki littafin gida-gida suka sa masa motsi ba. Sun ajiye shi gefe suka rubuta sabon tsari. Baƙi da fari zalla yana gajiyar da ido idan aka kalle shi sa'a ɗaya da rabi a allo mai haske, saboda haka suka bar mutanen a yadda suke amma suka shigo da ruwan toka a bayansu, a gine-gine da sararin sama da hayaƙi, suna koyi da tsofaffin finafinan Jamus na shekarun 1920 masu wasa da haske da duhu. Littafin ya tafi babi-babi, fim ɗin kuwa an ɗaure shi da igiya guda: mace tana zaune a filin jirgin sama na Orly, inda jirgin Tehran yake tashi a lokacin, tana tuna baya, kuma wannan ɓangare kaɗai ne yake da launi. Tarihin yadda Riza Shah ya hau mulki an nuna shi kamar wasan 'yar tsana. An rage zaman Biyana ƙwarai. Dabarar ajiye abu biyu a shafi guda ba ta yiwuwa a allo, sai aka maye gurbinta da abin da takarda ba ta da shi, watau sauti: ƙarar jiniya, takun mutane suna gudu zuwa ɗakin ƙasa, da shirun da ke biyo bayan fashewa.

A watan Mayu na 2007 fim ɗin ya sami lambar alƙalai a bikin Cannes, wadda ya raba da fim ɗin Carlos Reygadas na ƙasar Meziko. Fiye da mutum miliyan ɗaya suka kalle shi a gidajen sinima na Faransa. A 2008 ya ci lambar César biyu, ta fim ɗin farko da ta juya littafi zuwa fim, ya kuma shiga takarar Oscar a rukunin zane mai motsi, inda Ratatouille ya yi nasara.

5. Abin da allo ya jawo

Littafin ya yi shekara bakwai a kasuwa ba tare da ya zama maganar gwamnatoci ba. Fim ɗin kuwa tun kafin a nuna shi a Cannes wata hukumar fim ta gwamnatin Iran ta aika da takardar ƙorafi ga ofishin jakadancin Faransa a Tehran. A shekarar ce aka cire shi daga bikin finafinai na Bankok, a 2008 kuma Labanon ta hana shi na ɗan lokaci kafin ta janye.

Abin da ya fi tsanani ya faru a Tunisiya. Ran 7 ga Oktoba, 2011, saura kimanin mako biyu a yi zaɓen farko bayan faɗuwar Ben Ali, gidan talabijin na Nessma ya nuna fim ɗin da muryoyi cikin Larabcin Tunisiya. Akwai wurin da ƙaramar yarinya take raya wa ranta tana hira da Ubangiji, aka zana abin da take rayawa a siffar dattijo mai farin gemu. Siffanta Allah da hoto abu ne da Musulunci ya haramta, kuma Musulmi da yawa sun ji zafin ganin haka a cikin ɗakunansu. Aka yi zanga-zanga, aka kai hari gidan mai tashar, Nabil Karoui, a watan Mayu na 2012 kuma kotu ta ci shi tarar dinari 2,400. Abin lura shi ne wannan zane yana cikin littafin tun 2000. Littafi sai wanda ya je ya saya, ya iya Faransanci ko Ingilishi, ya buɗe shi kaɗai. Talabijin kuwa yana shiga gida ba sallama, yana magana da harshen gida, a gaban yara da tsofaffi. Ƙarfin da ya sa fim ya kai labarin ga miliyoyi shi ne ya kai shi ga waɗanda marubuciyar ba da su take magana ba sa'ad da ta zauna a teburinta. Kada kuma a ɗauka ƙasashen Musulmi kaɗai ne suka yi ƙorafi: a 2013 hukumar makarantun birnin Shikago ta janye littafin daga hannun 'yan aji bakwai saboda hoton azabtar da fursuna.

6. Bayan ta ajiye alƙalami

Kafin fim ɗin ta riga ta buga waɗansu littattafai biyu. Broderies na 2003 hira ce ta matan gidansu a kan shayi game da aure da maza. Poulet aux prunes na 2004, watau kaza da busassun 'ya'yan itace, labarin wani kakanta ne, makaɗin tar, wani kayan kiɗa mai tsirkiya irin na Farisa, wanda matarsa ta karya masa abin kiɗansa a 1958, ya kwanta ya ƙi ci ya ƙi sha har ya mutu bayan kwana takwas. Wannan ya ci babbar lambar Angoulême a 2005. Daga shi ba ta sake yin dogon labarin zane ita kaɗai ba.

A 2011 ita da Paronnaud suka mai da Poulet aux prunes fim, wannan karo da 'yan wasa na zahiri. Ga matsalar da ta guje wa a baya ta dawo, sai suka nemi wata hanyar magance ta. Sun gina Tehran ta 1958 da katako da fenti a cikin ɗakin ɗaukar fim na Babelsberg a Jamus, yadda kowa zai gane ƙirƙira ce. Bafaranshe Mathieu Amalric ya fito a matsayin makaɗin, ana magana da Faransanci, tar kuma ta koma gogen Turawa. An nuna shi a bikin Banis, an yaba kyawunsa, amma bai sami karɓuwar Persepolis ba. Fuskar ɗan wasa tana ɗauke da ƙasarsa ko ya so ko ya ƙi, kuma sauƙin da layin tawada ya bayar kyauta sai da aka kashe kuɗi da dabara kafin a kusance shi.

Daga nan ta bar labarin gidansu da na Iran. Bayan wani ƙaramin fim na barkwanci a 2012, ta ba da umarnin The Voices a 2014, cikin Ingilishi, daga rubutun wani, inda Ryan Reynolds ya fito a matsayin ma'aikacin masana'anta mai taɓin hankali da yake jin kyanwarsa da karensa suna yi masa magana. A 2019 ta yi Radioactive, tarihin Marie Curie, wadda ta bar Folan zuwa Faris a 1891 ta ci lambar Nobel sau biyu, a 1903 da 1911. Shi ma daga littafin zane na Lauren Redniss aka ɗauko shi. Hannun mai zane bai ɓuya a cikinsa ba: ana cikin nuna Curie a ɗakin gwaji sai a tsallaka zuwa Hiroshima ta 1945, ko Carnobil ta 1986, ko wani yaro da ake yi wa maganin ciwon daji, abubuwan da duk sun faru bayan mutuwarta. Wannan ita ce dabarar shafin makullan roba, an gwada ta a allo. Masu sharhi sun rabu a kanta, waɗansu suna ganin ta buɗe labarin, waɗansu suna ganin ta katse shi, kuma dalilin rabuwar yana cikin abin da aka faɗa tun farko: a takarda ido yana ganin abu biyun tare, a allo kuwa dole ɗaya ya kori ɗaya. Fim ɗinta Paradis Paris ya fito a 2024.

Kammalawa

An ga cewa Satrapi ta yi nasara mafi girma a fim a wurin da ta gane abin da yake shi ne ran littafinta, watau fuskar da ba ta da ƙabila, ta riƙe shi, ta yarda a rushe sauran a sake gini. An ga kuma abin da ta bayar a madadin haka: ikon yin aiki ita kaɗai, ikon barin mai karatu ya tsaya inda ya so, da ikon sanin wanda zai ga aikin. Duk mai niyyar juya littafi zuwa fim, da kowane harshe, waɗannan tambayoyi ne za su tare shi.

Shekarun baya-bayan nan sun ƙara wani abu a kan wannan lissafi. Ran 16 ga Satumba, 2022, Mahsa Amini, 'yar shekara 22, ta mutu bayan 'yan sandan ɗa'a sun kama ta a Tehran kan batun lulluɓi, zanga-zanga ta ɓarke a duk faɗin Iran. Fim yana bukatar shekaru da kuɗi da izini, lamarin kuwa ba ya jira. Sai Satrapi ta koma ga takarda, amma da halin da ta koyo a wurin fim. Ta tara masu zane 17 da masana uku, ta raba musu aiki kamar yadda mai ba da umarni yake yi, ita kanta ta zana kaɗan. Littafin, Femme, vie, liberté, watau mace, rayuwa, 'yanci, ya fito a watan Satumba na 2023, shekara guda bayan mutuwar, aka kuma sa fassararsa ta Farisanci a intanet kyauta domin mutanen cikin ƙasar. A 2024 Sifen ta ba ta lambar Gimbiyar Asturiyas, aka kuma zaɓe ta cikin majalisar masu fasaha ta Faransa a ɓangaren sinima. A watan Janairu na 2025 ta ƙi karɓar babbar lambar girma ta Faransa, bisa dalilin cewa ƙasar tana hana matasan Iran masu adawa da gwamnati takardar shiga, alhali 'ya'yan manyan gwamnatin suna zuwa hutu Faris yadda suka ga dama.